Garba Mai Gadi, Sadiq Ɗan Mai Gida

Abin da ya sa na ɗauki alƙalami yau ba wani babban al'amari ba ne a idon mutane da yawa, kukan yaro ne ɗan shekara tara. Amma tun ranar da abin ya faru ya tsaya mini a rai, shi ya sa na ga gara in amayar da shi a gaban masu karatu, musamman 'yan'uwana marubuta, domin ina ganin da hannunmu dumu-dumu a ciki.

Da ƙaramar sallar da ta wuce na kwashi iyalina daga Kano muka tafi gida Ɗankaza, can ƙasar Wudil, kamar yadda muka saba kowace shekara. Muna yin sallama sai Gwaggo, yayar mahaifina, wadda ita kaɗai ta rage mana a cikin iyaye, ta hango babban ɗana. Ta washe baki ta ce, "Oyoyo angona! Garba, zo nan in ga ko ka isa riƙe mata." A tsakar gidan akwai 'ya'yan ƙanwata da suka riga mu isowa daga Abuja. Suka dubi juna suka kwashe da dariya, ƙaramarsu ta ce, "Laa, ashe Sadiq sunansa Garba, irin na mai gadinmu!" Yaro ya zame ya shige zaure. Da na bi shi na tarar yana share hawaye da hannun rigar sallarsa, ya ce da ni, "Abba, ni fa ba Garba ba ne, ni Sadiq ne." Da dare kuma uwarsa ta same ni cikin ladabi ta ce, "Baban Sadiq, don Allah ka lallaɓa Gwaggo ta bar kiran yaron nan da sunan nan, ka ga yau ko abincin kirki bai ci ba."

To, jama'a, yaron nan sunan mahaifina ya ci. Mahaifina kuwa duk wanda ya san shi, daga gona har karar Wudil inda yake kai dabbobi ranar Juma'a, da Malam Garba ya san shi. Ya rasu da shekara biyu aka haifi yaron. Ranar suna, bayan an raba goro da dabino, liman ya yi addu'a aka sanar cewa an samu Abubakar Siddiƙu. Uwarsa ba za ta iya buɗe baki ta ambaci sunan surukinta ba, don haka ta ɗauki rabin sunan na biyu, ta yi masa kwalliya irin ta zamani, ya koma Sadiq. Ni kuwa Babana nake ce masa. Babu wanda ya ga aibu a cikin wannan, ni ma ban gani ba, sai ranar da na ga ɗana yana kuka don an kira shi da sunan kakansa.

Mu fara da sunan kansa. Abubakar ba kalma ɗaya ba ce, ko da yake bakinmu ya narkar da ita ta zama ɗaya. Kalmomin Larabci biyu aka haɗa: Abu, wato uba ko ma'abocin abu, da Bakr, wato saurayin raƙumi, wanda ya tasa amma bai kai amale ba. In aka bi lafazin kai tsaye ke nan, Abubakar na nufin uban ɗan raƙumi. Na taɓa faɗar haka a majalisarmu, wani abokina mai wannan suna ya ɓata rai, ya ce in daina wasa da sunan sahabi, sauran kuma suka yi ta ƙyaƙyata dariya. Na ce masa ya kwantar da hankalinsa, ni da na fito daga garin da ake kira Ɗankaza ai ba ni da bakin yi wa ɗan raƙumi dariya. Ban da haka ma, raƙumi a wurin Balarabe ba abin rainawa ba ne. Shi ne abin hawa, shi ne nono, shi ne dukiyar da ake auna arzikin mutum da ita, har diyyar rai ma da raƙuma ɗari aka ƙaddara ta. Mu ma in za mu kambama mutum ai dawa muke shiga, mu ce toron giwa, mu ce bajimi, mu ce zaki. Akwai kuma malaman da suka danganta sunan da wata ma'anar da ke cikin tushen kalmar, wato sammako, suka ce an kira shi haka ne saboda riga mutane da yake yi zuwa ga alheri. Kowacce mutum ya ɗauka a cikin biyun, abu ɗaya dai tabbas ne, Sayyadina Abubakar (RA) ba shi da ɗa mai suna Bakr. 'Ya'yansa maza uku ne, Abdurrahman da Abdullahi da Muhammad, mata ma uku, Asma'u da A'isha da Ummu Kulsum.

A nan ne abin ya fi ba ni sha'awa. Wannan salo na kiran mutum da Abu wane, Larabawa suna ce masa kunya, in aka sa masa alif da lam ya zama al-kunya. Daga nan muka samo kalmarmu ta alkunya. Hanya ce ta girmama mutum a kauce wa sunansa na yanka, kuma ba dole sai da sunan ɗa ake yin ta ba, shi ya sa aka samu Abu Huraira saboda 'yar kyanwarsa, aka samu Abu Turab, wato ma'abocin turɓaya, wanda Manzon Allah (SAW) ya kira Sayyadina Ali da shi. Sunan yanka na Sayyadina Abubakar shi ne Abdullahi, mahaifinsa Usman, wanda shi ma aka fi sani da alkunyarsa ta Abu Ƙuhafa. Ka shiga kasuwar Wudil ka tambayi masu amsa sunan Abubakar ko sun san takwaransu Abdullahi ne, ka ga yadda za a dube ka. Wato alkunya ce ta yi ƙarfi har ta lulluɓe sunan asali, ta ƙetaro hamada ta iso ƙasar Hausa, mu kuma muka karɓe ta muka mai da ta sunan yanka, ana zubar da jinin rago a kanta. Da ta zama sunan yanka, sunan uba da na miji da na ɗan fari, sai ta yi wa bakin mata nauyi, dole aka sake nema mata wata alkunyar. Ga Garba, ga Habu, ga Siddiƙu. Alkunya a kan alkunya ke nan.

Rabin sunan na biyu shi ma yana da nasa labarin. Siddiƙ laƙabi ne, ma'anarsa mai yawan gaskatawa, kuma malaman tarihi sun ce ya same shi ne a lokacin Isra'i da Mi'iraji, sa'ad da mutanen Makka suka zo masa da labarin suna izgili, suna zaton yau zai juya baya, shi kuwa ya gaskata nan take ba tare da ya nemi hujja ba. A Larabci akwai kalmomi uku masu kama da juna da suka fito daga tushe guda. Akwai Siddiƙ mai shadda, shi ne na sahabin. Akwai Sadiƙ da ake jan farkonsa, wato mai faɗin gaskiya, kamar laƙabin Ja'afarus Sadiƙ. Akwai kuma Sadiƙ da ake jan ƙarshensa, wato aboki. Daga wannan tushe ne har ila yau aka samu sadaka da sadaki. Sadiq ɗin da iyaye suke rubutawa yau a takardun makaranta ya cakuɗa ukun wuri guda, sai dai an yi sa'a, domin mai sunan ya haɗa duka ukun. Kakanninmu dai Siddiƙu suke cewa ko Saddiƙu, kamar Sarkin Katsina Siddiƙu ɗan Ummarun Dallaje da ya yi sarauta a ƙarni na 19. Harafin nan mai wutsiya da ake liƙawa a ƙarshe ba ya cikin baƙaƙen Hausar boko, ta hanyar rubutun Turanci ya shigo mana. Amma ba faɗa da harafi ya kawo ni ba.

Yana da wani laƙabin kuma da mutane da yawa ba su lura nasa ba ne, wato Atiƙ, 'yantacce, wanda bakinmu ya mai da Atiku. Shi ya sa ɗan Shehu Usmanu Ɗanfodiyo da ya gaji Muhammadu Bello a sarautar Musulmi daga 1837 zuwa 1842 ake ce masa Abubakar Atiku, haka kuma shehin malamin nan na Tijjaniyya a Kano, Shehu Abubakar Atiku Sanka. Wanda duk ya ce Atiku Abubakar, sunan mutum ɗaya ya faɗa sau biyu.

Me ya sa Bahaushe yake son haɗa sunan biyu-biyu haka? A ganina rabin na biyu yatsa ne da ake nuni da shi. Abubakar suna da yawa a duniya, amma in uba ya ce Abubakar Siddiƙu, ya nuna wanda yake nufi, babu sauran tambaya. Haka yake yi a Umar Faruƙu, da Usman Zunnuraini, da Aliyu Haidar, da Ibrahim Halilu, har ya gangaro kan waliyyai ya ce Ahmad Tijjani ko Abdulƙadir Jilani. Kuma uban da ya zaɓi wannan suna ba raƙumi ne a ransa ba. Mutumin yake tunawa. Attajirin nan na Makka da ya sa dukiyarsa ya fanshi Bilal daga azaba ya 'yanta shi. Mutumin da ya tanadi raƙuma biyu ya yi wata huɗu yana kiwata su yana jiran ranar da za a ba da izinin hijira, da ranar ta zo a shekarar 622 ya kwana uku a kogon Saur tare da Manzon Allah (SAW), abin da aya ta 40 a Suratut Tauba ta yi nuni da shi. Mutumin da aka nemi gudummawa ya kwaso duk abin da ya mallaka. Shi aka sa ya ja salla a rashin lafiyar Manzo ta ƙarshe, shi ya riƙe al'umma daga 632 zuwa 634 a lokacin da ƙabilu suka fara warwarewa, kuma a zamaninsa ne aka sa Zaidu ɗan Sabit ya tattara Alƙur'ani wuri guda bayan mahaddata da yawa sun yi shahada a yaƙin Yamama. Shekara biyu da 'yan watanni kawai ya yi a kan halifanci, yau kabarinsa yana kusa da na abokinsa a Madina. Masu iya magana sun ce suna linzami ne. Uban da ya raɗa wa ɗansa wannan suna addu'a yake yi, Allah ya ba shi ɗa mai gaskiya wanda ba ya gudun aboki ranar wuya.

Sunan ya daɗe a ƙasarmu. Tarihin Kano ya ambaci Sarki Abubakar Kado ɗan Muhammadu Rumfa, wanda ya yi sarauta daga 1565 zuwa 1573, sarkin da aka sani da duƙufa kan karatu da ibada. Sarkin Musulmi Abubakar na Uku, wanda shi ma Siddiƙu ne, ya yi shekara 50 a kan gado, daga 1938 zuwa 1988. Ga Shehu Abubakar Mahmud Gumi. Ga Muhammadu Abubakar Rimi, mutumin Rimi ta ƙasar Sumaila da ba ta da nisa da mu, gwamnan Kano daga 1979 zuwa 1983. Kuma duk inda sunan ya je sai mutanen wurin sun lanƙwasa shi daidai bakinsu. Bafulatani ya ce Buba, kamar Buba Yero da ya karɓo tuta ya kafa masarautar Gombe. Babarbare ya ce Bukar. Bayarabe ya ce Bakare, mutumin Sanagal ya ce Babakar, na Mali da Nijar su ce Bubakar, a gaɓar gabashin Afirka a ce Bakari, Baturke ya ce Bekir. Babu wanda ya ɗauki wannan a matsayin ɓata suna. Alama ce cewa baƙo ya zauna ya zama ɗan gari. Garba shi ne rigar da Bahaushe ya ɗinka wa sunan da hannunsa, kuma ta yi kyau har waɗanda ba Musulmi ba suka ara, in mai karatu ya tuna Janar Joseph Garba na Langtang da ya shugabanci babban taron Majalisar Ɗinkin Duniya a 1989. An yi gwamna Garba Nadama a Sakkwato a jamhuriya ta biyu. An yi Garba Supa mai kukuma da ya cika Kano da amo.

To yaushe Garba ya koma mai gadi?

A nan nake son 'yan'uwana marubuta su yi mini haƙuri. Ɗauko littafin soyayya, ko na takarda irin wanda muka taso muna haya a shago, ko irin wanda ake turawa yanzu a WhatsApp da Wattpad. A iya karatuna, labarin kusan ɗaya ne. Sadiq ya dawo daga Landan da digirin likita, dogo ne, fari, mai saje, ƙamshin turarensa ya riga shi shiga falo. Ya danna hon a ƙofar gidan mahaifinsa, sai ga wani tsoho ya taso a guje, hula a karkace, goro a baki, yana "Ranka ya daɗe, sannu da zuwa." Sunan tsohon? Garba. In ba Garba ba, Habu. Haka Iro yake wanke motar Khalil, Sanda yake tuƙa Faruq, Audu yake yi wa Abdul guga. A ɓangaren mata ma haka, Indo ce take goya ɗan Humaira, Dije take yi wa Khadija wanke-wanke, Mairo take share ɗakin Maryam. Marubuci ya ɗauki suna ɗaya ya tsaga shi biyu, rabin da ya yi kama da bakin Balarabe ko rubutun Bature ya ba mai kuɗi, rabin da ya yi kama da bakin kakarsa ya ba bara. Finafinanmu ma sun bi sahu, in ka ji an kira Garba ko Mamman a fim, shirya dariya. Ba na cire kaina. Akwai wani gajeren labari da na rubuta shekarun baya, da na koma na duba shi bayan dawowarmu daga salla, sai na tarar mai gadin gidan Habu na sa masa, ban ko yi tunani ba, hannuna ne ya tafi da kansa. Kunya ta kama ni ni kaɗai a ɗaki. 'Yar ƙanwata ba ta ƙirƙiri dariyarta ba, a wurinmu ta koya, ko daga littafin da yayarta take karantawa, ko daga fim, ko daga yadda manya suke magana a falo.

Abin da ya ƙara ba ni takaici shi ne tuna waɗanda suka share mana wannan fage. A gasar rubutun da Rupert East ya shirya a Zariya a 1933, wadda ta haifar da littattafan ƙagaggun labaran Hausa na farko guda biyar, biyu daga ciki Abubakar ne ya rubuta su. Abubakar Imam ya rubuta Ruwan Bagaja, Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda daga baya ya zama Firayim Ministan Nijeriya, ya rubuta Shaihu Umar. Wato gidan da muke ciki masu sunan Garba ne suka kafa tubalinsa, mu kuma muka zo muka ajiye Garba a bakin ƙofa.

Na san abin da za a ce mini, domin uwar yaron ta riga ta faɗa, kuma ba ta yi ƙarya ba. Sadiq suna ne mai kyau, laƙabin sahabin ne da kansa, ya ma fi Garba kusa da asali. Mace tana bukatar alkunya, kuma tana da ikon zaɓar wadda ta yi mata daɗi a baki. Harshe kuma ba ya tsayawa wuri ɗaya, kowane zamani da irin sunayen da yake yayi, babu wanda zai tilasta wa amaryar bana ta kira ɗanta da abin da kakarta ta kira nata. Duk na yarda. Ban ce a daina Sadiq ba, ni ma in na je makarantarsu da shi nake tambayarsa. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a mai da ɗaya sunan gata ɗaya na ƙasƙanci, har yaro ya ji an zage shi don an kira shi da sunan da kakansa ya yi shekara saba'in yana amsawa cikin mutunci.

Akwai kuma wani abin da yake cin Garba ta ƙarƙashin ƙasa, wanda ba laifin marubuta ba ne. Bayan rasuwar mahaifina na je wani ofishi a Kano kan wasu 'yan haƙƙoƙinsa. Takarda ɗaya ta ce Garba, fasfonsa na aikin hajji ya ce Abubakar. Ma'aikacin da na tarar Bahaushe ne ɗan'uwana, ya san sarai mutum ɗaya ne, amma ya ce, "Malam, ni na sani, kwamfuta ce ba ta sani ba." Sai da na yi zirga-zirgar mako biyu, na je kotu na yi rantsuwa cewa ubana ubana ne. Tun daga ranar nake ba duk wanda ya haihu shawara ya tsaya kan suna ɗaya a takarda, ya rubuta Abubakar ko'ina, kada ya jawo wa yaro wahala ranar jarrabawa ko ranar buɗe asusun banki. To ka ga takarda ta rufe wa Garba ƙofa ke nan. Wurin da ya rage masa shi ne baki, bakin kaka da na gwaggo da na abokan wasa. In bakin ma ya fara jin kunyarsa, ban ga inda zai fake ba.

Washegarin salla na cika alƙawarin da na yi wa uwar yaron. Na sami Gwaggo tana kan tabarma tana jan carbi, na durƙusa na gaishe ta, na yi ta kewaye-kewaye kafin in kawo maganar. Ta saurare ni har na gama, sannan ta ce, "Ni da na goyi Garba a bayan nan nawa, yau kai za ka koya mini sunan takwaransa? Wane ne kuma Sadi? Tashi ka ba ni wuri." Na tashi na ba ta wuri. Da yamma na ja yaron muka zaga bayan gari, na nuna masa gonar kakansa da tsamiyar da yake hutawa a gindinta, na ba shi labarin kogon Saur da na raƙuman nan biyu, na ce masa Garba da Sadiq duk mutumin nan ne. Ya yi shiru yana tafe yana shurin ƙasa. Abin da ya fi kama hankalinsa shi ne ɗan raƙumin, ya sa ni na yi masa alƙawari in Buzaye sun ratso da raƙumansu da kaka zan kawo shi ya gani.

Ranar da za mu koma, Gwaggo ta sa aka kamo wata budurwar kaza aka ɗaure mata ƙafa, ta ƙwala kira daga ɗaki, "Garba! Zo ka karɓi jarinka." Ya dube ni, ya dubi uwarsa, sannan ya amsa can ƙasa-ƙasa, ya je ya karɓa da hannu biyu. Muna kan gadar Wudil, kaza tana ta kuka a bayan mota, ya leƙo tsakanin kujeru ya ce, "Abba, to shi mai gadinsu Ummi ya san sunansa ɗaya da Sayyadina Abubakar?" Na ce in mun je Abuja shi zan sa ya tambaye shi da bakinsa.